Wace kalma za mu ba "brifin" na matuƙan jirgin sama?

Ƴan uwa masu aikin rediyo da fassara a Maraɗi, ku zo mu yanke wata kalma. Kafin matuƙin jirgin sama ya tashi, sai ya zauna ya duba abin da ke gabansa. Su dai "brifin" suke cewa, ko da Faransanci suke magana. Da can ofishin meteyo na filin jirgi ake shiga a amso takardu, kamar na ASECNA, hukumar kula da zirga-zirgar jiragen sama, a Yamai. Yanzu galibi a tabilet ne, cikin manhajoji irin su ForeFlight da Garmin Pilot.

Wani malami ya ce mu kira shi "hasashen yanayi". Malam, a gafarce ni, wannan rabin kaya ne. A cikin brifin akwai rahoton da ake kira TAF, shi kam hasashen yanayi ne, na awa 24 ko 30 a manyan filaye. Amma rahoton METAR ba hasashe ba ne, abin da aka auna ne a filin, kowace awa ko rabin awa: ƙarfin iska, tsayin gajimare, inda ido ke kaiwa. In ka ga 9999, ana hangen kilomita 10 ko fiye. Ranar da hazon hunturu ya rufe gari sai lambar ta faɗo. Ga kuma NOTAM, sanarwa ga matuƙa wadda ba ta yanayi ba ce: an rufe titin sauka, ko fitilu sun mutu.

"Duban hanya" ma an kawo. Na ƙi shi, don mai saurare a ƙauye ɗan duba zai tuna. "Shirin tashi" kuma ya fi dacewa da takardar da matuƙi ke miƙa wa masu kula da zirga-zirga, ita daban take.

Ni "labarin hanya" na zaɓa. Direban da ke lodi zuwa Ɗan Isa ko Dakoro ba ya tashi sai ya tambayi wanda ya shigo tasha yanzu: yaya hanya? A ce masa hadari ya haɗo daga gabas, ko ruwa ya cinye gada. Abin da aka gani da abin da ake zato duk sun shiga, haka ma abin da ya lalace.

Manhajar kuwa mu ce mata "jakar matuƙi", tunda ita ta gaji jakar taswirori da littattafan da suke ɗauka. A labarai sai a ce: matuƙin ya duba labarin hanya a jakarsa, ya ɗage tashi saboda hazo. Wanda kunnensa bai amshi wannan jimlar ba, ya kawo tasa mu ji.