Tambaya kan wani fim na Japan game da mata a gidan wanka

Ƴar Birni:
Assalamu alaikum. Daren jiya ƙanwata ta nuna mini wani fim na ƙasar Japan a wayarta, wanda kusan dukansa a gidan wankan unguwa aka ɗauke shi. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne wata tsohuwa da ta karɓi soso ta cuɗa wa wata matashiya baya, alhali ko sunanta ba ta sani ba, har yarinyar ta buɗe baki ta faɗa mata damuwar gidan aurenta. Shin haka abin yake a can, ko ƙirƙirar masu fim ce? Kuma ina kunya ta tafi?

Malam na Zango:
Wa alaikumus salam, ƴar uwa. Ba ƙirƙira ba ce, sento suke kiran wurin. Ƙofar mata daban take, galibi da jan labule, ta maza kuma da shuɗi, kuma tun 1791 hukuma ta fara hana wankan maza da mata a haɗe a birnin Edo, wato Tokyo ta yau. Mutum yakan zauna a ƴar kujera ya wanke jikinsa tas da sabulu, sannan ya shiga kwamin ruwan zafi da kowa ke shiga, domin ba wanka ake yi a ciki ba, hutawa ake yi. A 1968 akwai irin waɗannan gidaje kusan 18,000 a duk faɗin Japan, amma yau ba su kai 2,000 ba, tunda kusan kowane gida ya sami banɗakinsa.

Hajiya ta Sabon Gari:
Ƴata, tuɓewar kam ba tamu ba ce, addini ya hana ko tsakanin mata. Amma hirar na gane ta sarai. Maganar da mace ba za ta iya faɗa wa mijinta ba, takan fito ne sa'ad da ta kwantar da kai a cinyar makitsiya, ana tsaga gashi da tsinke, ba wadda ke kallon idon wata. Mu da muka sha tsayuwa layin famfo da asuba a Damagaram, a nan muke sanin wadda ta haihu da wadda ba ta da lafiya.

Ƴar Birni:
Na gode, Malam. Hajiya, kin tuna mini cewa ita ma yarinyar fim ɗin ba ta yi magana ba sai da ta juya wa tsohuwar baya.