Don Allah ku ba ni shawara: makaranta za ta kai ɗana filin yaƙin Gettysburg, Abbansu ya ce ba inda za shi

Maman Khalifa: Assalamu alaikum 'yan uwa. Ku yi haƙuri da tsawon rubutu, kaina ne ya ɗau zafi. Shekarata tara a Maryland. Abbansu ne ya fara zuwa, na biyo shi Khalifa yana ɗan shekara huɗu. Ya yi gadi, ya ja tasi, yanzu tirela yake ja, sai ya yi kwana goma ba mu sa shi a ido ba. Ni kuma aikin dare nake yi a gidan kula da tsofaffi, in dawo da asuba in shirya yara uku. Duk takardar da ta fito daga makaranta ni ke sa hannu, tun daga ta rigakafi har ta abinci, bai taɓa tambaya ba.

To, makarantar su Khalifa za ta kai su Gettysburg a Pennsylvania, inda aka yi babban faɗan yaƙin basasar Amurka a 1863. Malamar tarihi ta ce kowane yaro ya zaɓi runduna ɗaya cikin rundunonin sojan ƙasa 'yan sa-kai, ya binciko labarinta, ranar tafiya ya tsaya gaban dutsen tunawarta ya yi wa 'yan ajinsu bayani na minti biyar, a ba shi maki. Abbansu ya ga hotunan wurin a wayar yaron, ya ce wannan ai dandalin gumaka ne, ɗansa ba zai tsaya gaban mutum-mutumi yana yabonsa ba. Yaron ya daina cin abincin kirki. Saura kwana goma sha ɗaya. Yaya zan yi?

Hajiya Mai Turare: Wa alaikumus salam. Maman Khalifa, ba ki gaya mana ba, kin riga kin sa hannu ne ko tukuna? Ni dai na gaji da makarantun nan. Bara aka saka 'yata cikin masu waƙar Kirsimeti ba a tambaye ni ba, da na je na yi magana sai aka riƙa kallona kamar na zo da rigima. Ki bi mijinki ki huta.

Maman Khalifa: Na sa, Hajiya, har kuɗin mota na biya. Amma ai ban san da mutum-mutumi ba, cewa aka yi wurin tarihi.

Malam Bukar Boston: Maman Khalifa, saurara, wannan fannin na daɗe a cikinsa. Ki fara gane mene ne waɗannan rundunonin. Lokacin da yaƙi ya ɓarke a 1861, sojan gwamnatin tarayya kaɗan ne, don haka kowace jiha ta riƙa tara 'yan sa-kanta: manoma, maƙera, malaman makaranta, 'yan gari ɗaya, wani lokaci wa da ƙani a layi ɗaya. Runduna kamfani goma ce, wajen mutum dubu, a ba ta lamba da sunan jiharta. In an kashe mutane ba a cika cike gurbinsu ba, sai dai a kafa sabuwa, shi ya sa kafin a kai Gettysburg da yawa sun koma mutum ɗari uku ko huɗu. Runduna ta 1 ta Minnesota ta afka wa abokan gaba ranar 2 ga Yuli da mutum 262, aka kashe ko aka raunata 215 a cikinsu. Waɗanda suka tsira ne suka dawo da furfura, galibi a shekarun 1880, suka kafa duwatsu daidai inda suka ja dāga, har da ƙananan duwatsu biyu masu nuna ƙarshen layin dama da na hagu. Ba wanda ke sujada a wurin. Ki faɗa wa maigidan haka.

Amma ni shawarata ma ta wuce nan. Yaron ya bar duk waɗannan ya ɗauki runduna ta 55 ta Massachusetts, domin akwai ɗan Borno a cikinta. Muhammad Ali ɗan Sa'id, haifaffen Kukawa, wanda Turawa suka sani da Nicholas Said. An kama shi yana yaro aka ƙetara Sahara da shi, ya yi bauta a Tarabulus da Istanbul, ya zauna a Rasha, ya zagaya Turai, ya iso Amurka, ya koyar a Detroit, sannan a 1863 ya shiga soja da ƙafarsa har ya kai saje. Wane yaro a ajin ke da irin wannan labarin?

Baban Ikram: Malam Bukar, gyara kaɗan, da girmamawa. Runduna ta 55 ba ta yi faɗa a Gettysburg ba, babu ma rundunar baƙar fata ko ɗaya a wancan faɗan, don haka ba dutsen da yaron zai tsaya a gabansa. Su a South Carolina suka yi yaƙinsu. Maman Khalifa, ni na kai iyalina wurin sau biyu daga Philadelphia. Akwai duwatsu da alluna sama da dubu, kuma da yawa ba siffar mutum a jikinsu, rubutu ne kawai. Ya zaɓi ta 20 ta Maine, wadda ta tsare tudun Little Round Top ƙarƙashin Kanal Chamberlain, harsashi ya ƙare musu suka sauko da banati. Dutsensu ɗan madaidaici ne cikin itatuwa, sunayen matattunsu ne a jiki. Ki tura wa Abbansu hotonsa, magana ta ƙare.

Ummu Sumayya: Baban Ikram, na duba hoton yanzu, akwai alamar kuros a jikin dutsen. An gudu ba a tsira ba.

Baban Ikram: Wannan tambarin babbar rundunar da suke ƙarƙashinta ne, ta biyar. Kowace tana da nata, wata da'ira, wata jinjirin wata, wata tauraro. Ba na coci ba ne.

Malam Bukar Boston: Na san ba su je Gettysburg ba, ai shi ne darasin! Yaro ya tsaya a fili ya ce ga mutanen da ba su da dutse a nan, ga dalili. Sai da Shugaba Lincoln ya fitar da sanarwar 'yanta bayi a farkon 1863 aka buɗe wa baƙar fata ƙofar soja sosai. Gwamnan Massachusetts John Andrew ya kafa ta 54, masu son shiga suka yi yawa har aka kafa ta 55 da ragowar. Ana biyan farar fata dala 13 a wata, su aka ce dala 10, a cire 3 na kaki. Suka ƙi karɓar ko sisi fiye da shekara guda suna yaƙi a haka, iyalansu na fama da yunwa a gida, har aka daidaita a 1864. A faɗan Honey Hill, 30 ga Nuwamba 1864, mai riƙe tutar ta 55 ya faɗi, kofur Andrew Jackson Smith ya ɗauke ta ya fito da ita, lambar yabonsa ba ta zo ba sai 2001. A 1987 masu gini a tsibirin Folly suka tono ƙasusuwan sojoji baƙar fata 19, wasunsu 'yan wannan rundunar, aka sake binne su a maƙabartar sojoji ta Beaufort a 1989. Ni a nan Boston ina wucewa ta gaban allon tagulla na ta 54 da kwamandansu Kanal Shaw a kan doki, wanda aka buɗe a 1897, kullum sai na tuna ɗan garinmu.

Ustaz Abu Hafsat: Malam Bukar, ka faɗi rabi ka bar rabi. Mutumin nan an yi masa baftisma a ƙasar Rasha, daga nan ya samo sunan Nicholas. Uban da ke gudun mutum-mutumi za ka kai wa labarin wanda ya bar addini? Batun sassaƙa siffar mai rai kuwa, hani a kansa sananne ne. Amma sassaƙawa daban, wucewa ta wurin don ɗaukar darasi daban, Alƙur'ani ma ya ce a yi tafiya a bayan ƙasa a ga yadda ƙarshen na farko ya kasance. Ni abin da ya fi damuna, 'yar uwa, kin sa hannu ba da sanin mijinki ba. Ki ba shi haƙuri tukuna, sannan ku je wurin limaminku tare.

Malam Bukar Boston: Ustaz, matashi ne bara a hannun ubangidansa, shi kaɗai a ƙasar da ba masallaci kusa. Ka ce ya bari da son ransa? Allah ne ya san zuciyarsa.

Maman Khalifa: Ustaz, ni fa ban yi laifi ba. Shekara tara ina sa hannu shi yana kan hanya, yau ne zan zama mai laifi? In ya kira daga wata jiha ya ce a'a, ni ce ke kallon fuskar yaron. Limamin kuma abokinsa ne, na san abin da zai ce.

Auwal Ɗan Soja: Ni wannan zancen ya tayar mini da wani abu. Babana ya yi yaƙin basasar Najeriya daga 1967 har aka gama a 1970, ya dawo da harsashi a cinya, ya rasu yana bin haƙƙinsa. Ko a kan bulo ba a rubuta sunansa ba. Duk 15 ga Janairu in ga manya suna ajiye furanni a talabijin, ba mai kiran sunan kowa. Waɗannan sun rubuta na manomansu ɗaya bayan ɗaya. Ki bar yaro ya je ya gani, Anti.

Hajiya Mai Turare: Allah ya jiƙan Baba. Amma Auwal, kai ba ka da aure, ba ka san abin da saɓa wa miji ke jawowa ba. Maki ɗaya ba zai hana yaro zama likita ba.

Ummu Sumayya: Ko ki roƙi malamar ya rubuta nasa a takarda, ba sai ya je ba? Washinton ma kusa da ku take, akwai bangon da aka zana sunayen sojoji baƙar fata sama da 200,000 a titin U. Abbansu ya kai shi da kansa. Sai dai can ma akwai mutum-mutumi a tsakiya.

Maman Khalifa: Na gode muku duka. Na karanta wa Khalifa abin da Malam Bukar ya rubuta, yanzu ya kafe shi ɗan Kukawa yake so, har ya nemo taswirar Borno. Na tura wa malamar saƙo, ta ce labarin ya burge ta amma dole rundunar ta kasance mai dutse a filin, haka tsarin yake ga kowa. Ga shi na ƙara wa kaina aiki. Rubutu a takarda kuma ba na so, duk ajin za su tafi a bar shi shi kaɗai, dama yana kukan ba shi da abokai. Abbansu zai dawo ranar Alhamis, ban gaya masa na biya kuɗin ba. Baban Ikram, cikin masu tambarin jinjirin watan nan akwai wanda ba mutum a kansa?

Malam Bukar Boston: Kada ki sauka daga kan ta 55. Ki turo mini lambar maigidan, ni zan yi masa magana.