Ɗaukar fitowa ba yankewa irin ta Cristian Mungiu: za ta yiwu a Kaduna?

Ɗan_Kawo:
Assalamu alaikum manya. Muna shirin gajeren fim a wani gida a Unguwar Rimi, akwai fitowar cin abinci ta mutum shida. Darakta ya ce a ɗauke ta irin ta Cristian Mungiu na Romaniya, kyamara ɗaya ba yankewa. Wane ne shi, kuma me za mu tanada?

Baban_Edita:
Wa alaikumus salam. Daraktan fim ne, an haife shi a birnin Iași na Romaniya a 1968. Adabin Turanci ya karanta, ya taɓa koyarwa da aikin jarida kafin ya shiga makarantar fim a Bucharest, kuma da kansa yake rubuta labaransa. Fim ɗinsa na 2007, mai sunan da ke nufin wata 4, sati 3 da kwana 2, shi ya ci Palme d'Or, babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a Faransa. Labarin ɗalibai mata biyu ne a 1987, zamanin mulkin Ceaușescu a Romaniya, lokacin da dokar 1966 ta haramta zubar da ciki.

Fitowar da daraktanku yake nufi a ciki take. Kyamara a kafe, jarumar na tsakiyar tebur, ana ta ci ana surutu kewaye da ita, hankalinta kuwa yana otal inda ta baro ƙawarta da ake zubar wa ciki a ɓoye. Ko kiɗa babu. Abin da ya riƙe fitowar shi ne ɗan kallo ya san abin da take ɓoyewa. In naku labarin ba shi da irin wannan, minti biyu mutane za su fara hamma.

Anti_MaiSauti:
Ƙanena, sauti ne zai fara ba ku kunya. Tunda ba yanka, ba inda edita zai ɓoye ƙarar Keke Napep. A kai janareta bayan gida da doguwar waya, a kashe fanka da firji, a kauce wa lokacin kiran sallah. Masu yawan magana a maƙala musu ƙaramin makirufo, babba ɗaya a saman tebur. Da an gama, kowa ya yi shiru minti ɗaya a naɗi sautin ɗakin.

Mai_Kyamara_TW:
Gaskiyar Anti ce. Lens, wato gilashin kyamara, na 28mm ko 35mm, buɗewar idonsa f/4 zuwa f/5.6, don duk su shidan su fito tar. A kulle haske da launi da hannu, in ba haka ba mai farar riga na motsawa hoton zai canja. Hasken taga ma yana gudu, gara a rufe ta a kunna fitila. A zafin Maris da Afrilu ƙananan kyamarori kan mutu a tsakiyar doguwar ɗauka, a riƙa ba su hutu.

Wuni guda a ware wa atisaye kawai. Shi Mungiu, a fim ɗinsa R.M.N. na 2022, ya ɗauki taron mutanen gari na kusan minti 17 a haka, kowa ya san gaɓar da zai shigo. Sannan a dafa abinci da yawa, Malam, don duk maimaici sai an sake cika faranti kamar yadda yake da farko.